Yadda Na Ƙona Hannun Kulu Mai Inji

Tun da na dawo daga ƙasar Bungudu abokan zamanmu na bakin masallaci ba su bar ni na huta ba. Wannan ya ce in ba shi labarin injin da ke cin ƙaiƙayi a maimakon mai, wancan ya ce ya ji ni na gyara shi. Na yi ta kewaye-kewaye ina cewa tafiya ta yi kyau, alhamdu lillahi. Da na ji zancen gyaran ya fara yawo a gari, sai na ga gara in zauna in faɗi abin da ya faru, tun ƙarya ba ta yi saiwa ba.

Sunana Lawali, malamin sakandare ne ni a nan Tsafe, darasin fasaha nake koyarwa. Injin tururi yana cikin abin da muke karantarwa, kuma na fi shekara goma ina zana shi a allo, amma ban taɓa ganinsa da idona ba. Abin da ke littafi nake kwafewa, yara su kwafe daga gare ni.

Cikin hutun da ya wuce, ɗan gwaggona Bello, wanda ke sana'ar hatsi da gari a Gusau, ya kira ni. Ya ce akwai wani tsoho a wani ƙauye kusa da Rawayya, ana ce masa Baba Na'Allah, yana da injin niƙa mai aiki da tururi, can yake kai dawarsa. Kwanan nan injin ya lalace da wani hali: ya zabura ya lafa, ya zabura ya lafa, gari ya fito rabi laushi rabi tsaki. Tsohon kuma ido ya tafi. Shi ne Bello ya ce musu su kwantar da hankali, yana da ɗan'uwa injiniya. Na ji kalmar sarai. Da a lokacin na ce masa ni malamin aji ne, ko sifana ban iya riƙewa da kyau ba, da ba a kai ga abin da aka kai ba. Sai na ce masa ina nan tafe ranar Alhamis.

Na shirya kamar mai zuwa ɗaurin aure. Na sa farar shadda, na ɗora hula, na ɗauki littafina da babban kwalin da na zana injin a kai, na naɗe shi kamar tabarma. Maiɗakina ta tambaye ni ko ba zan tafi da tsofaffin kaya ba tunda wurin baƙin mai za ni. Na ce mata ni dubawa zan yi, ba ni zan kama ba.

Da hantsi muka tashi daga tasha, don kowa ya san hanyar Gusau ba a son yamma ta yi wa mutum a kanta. Mu huɗu a baya. Kusa da ni wata dattijuwar Bafulatana ce da galan ɗin nono a cinyarta, za ta kai wa 'yarta da ta haihu. Tun daga tasha take yi mini bayanin yadda suka baro rugarsu suka dawo gefen gari, da shanun da suka rage musu, ba tare da ta ɗaga murya ko ta nemi tausayi ba. A wani shingen jami'an tsaro aka ce in buɗe kwalin. Jami'in ya daɗe yana kallon tukunya da bututai, ya tambaya mene ne wannan. Kafin in yi magana direba ya ce ai injiniya ne, yallaɓai, don na riga na ba su labari a mota. Jami'in ya miƙo mini kwalin da hannu biyu. Ba zan ɓoye ba, abin ya yi mini daɗi.

Muna barin shingen direba ya faɗa wani rami, murfin galan ya yi tsalle, nono ya malale mini a jaka. Matar ta yi ta ba ni haƙuri tana goge mini da gefen mayafinta. Da muka isa gidan Bello a Tudun Wada na shanya littafin, amma shafukan da ke maganar injin sun manne da juna. Na so in sake karanta su kafin gobe. Na gwada ɓamɓarewa, takarda ta fara yagewa, sai na ajiye na ce ai abin yana kaina. Ba zan ɗora wa nono laifi ba. Ko da na karanta, sakin layi ɗaya ne a kan abin da ya kayar da ni, kuma shekara da shekaru ina tsallake shi.

Matar Bello ta yi mana datun hoce, wato kwaɗon gasasshen ƙullin dawa, da ƙuli da albasa, ya ji mai, irin wanda rabona da shi tun rasuwar kakata. Muna ci Bello yana kiran maƙwabta su zo su gaisa da injiniya. Wani ma ya kawo mini janaretonsa, na ce masa ba fannina ba ne.

Washegari muka shiga mota zuwa Bungudu, daga nan muka hau babura biyu. Hanyar ƙauyen rairayi ce, mai babur ɗina kuwa dogon mutum ne mai son hira, kullum fuskarsa a waige. A wani busasshen rafi ya kayar da mu, shadda ta sha ƙasa, kwalin ya lanƙwashe. A bakin ƙauyen mun tarar da igiya a gicciye da 'yan sintiri uku a gindin bishiyar bedi. Ba sa barin baƙo ya wuce sai ya faɗi gidan da za shi, an kuma aika an tabbatar. Sun san Bello, amma duk da haka sai da aka je aka dawo. Ban taɓa ƙetare iyakar ƙasa ba, amma ina jin tambayoyin can ba za su fi waɗannan ba.

Maganarsu ta ba ni sha'awa. Ni harshena ya gauraye da na Zariya inda na yi karatu, su kuwa nasu yana nan garau, da su munka da sunka da mi kaka so. Wata al'adar gidan Baba Na'Allah da ta bambanta da tamu: a gidanmu tare ake cin abinci da baƙo, can kuwa sai a ajiye maka kwano a zaure kowa ya fice, wai kada kunya ta hana ka ƙoshi.

Injin yana bayan gida, cikin wata rumfar kwano. Baba Na'Allah na zaune a kan buzu a bakin rumfar, ɗan siririn tsoho, idanunsa sun yi fari. Ya ce yana saurayi ya yi aikin hura wuta a wata masana'antar gurzar auduga a Gusau, da aka zo fitar da tsofaffin ƙarafa ya samu wannan ƙaramin injin, ya kawo shi gida a kan amalanke. Bayan ya ɗan yi niƙa da shi, injin ya yi shekaru a rufe, sai da man inji ya gagari mutane 'yarsa ta sa aka tone shi. Ita ce Kulu, mace mai kimanin shekara arba'in da biyar, mijinta ya rasu ta dawo gidan uba. Ita ke tafiyar da komai yanzu, har ana ce mata Kulu mai inji.

Na tsaya ina kallonta tana aiki, na ga abin da nake zanawa ashe yana da zafi da wari da ƙara. Tukunyar doguwa ce a kwance, an gina mata murhu da bulo. Kulu na watsa ƙaiƙayin shinkafa da ɓawon gyaɗa da shebur, idonta na kan wata 'yar kwalba mai nuna inda ruwa ya kai, da wani agogo mai allura da ke nuna ƙarfin tururi. In ruwa ya tafasa a rufe, tururin ba shi da mafita sai wani bututu da aka naɗe da tsumma. A jikin bututun akwai famfo mai kan ƙarfe kamar sitiyari, shi ake murɗawa a buɗe ko a rufe. Daga nan tururin ya shiga silinda ya tura fistin gaba, wani ƙarfe mai zamewa ya rufe wannan ƙofa ya buɗe waccan, tururi ya shigo ta baya ya maido shi. Wannan kai da kawowar ce ke juya wata ƙatuwar ƙafar ƙarfe da ta kai mini ƙirji, ita kuma ta ja babban bel zuwa injin niƙa.

A saman injin akwai wata sanda a tsaye tana juyawa, da ƙwallayen ƙarfe biyu kamar manyan lemu suna rataye a hannuwa. Wani siririn bel na fata ne ke juya ta. Baba ya ce a masana'anta gwamna ake ce wa abin, Kulu kuwa tagwaye take kiransu. Ni abin da na daɗe ina gaya wa yara shi ne nauyi ne kawai don kada inji ya yi rawa.

Na ga matsalar da idona. Injin zai ɗauki gudu, tagwaye su makara ba su motsa ba, sai can su buɗe fuka-fuki su tashi sama gaba ɗaya, wani ɗan ƙarfe ya ja, injin ya shaƙe kamar an maƙure shi. Sai su faɗo, ya sake zabura. Na ga duk sanda suka tashi injin ke shaƙewa, nan take na yanke hukunci cewa su ne cutar.

Baba ya karkato kai wajena ya ce, "Malam, ni ido ya tahi, amma kunnena na ce mani ƙaramin bel ɗin ga na. To amma kai ka yi karatu, duba muna."

Na ce masa to, za a duba. A raina na ce me ɗan bel zai yi wa wannan ƙaton ƙarfe. Lokacin mutane sun taru, mata da ƙoransu a gefe, maza a bakin rumfa, an ji injiniya ya zo daga Tsafe. Na ware kwalina na yi musu bayani da Turanci jefi-jefi.

Aka tsayar da injin don salla, aka kama hannun Baba zuwa masallaci. Ana sallamewa na lura ya zauna lazimi, sai na yi sauri na ja Bello muka dawo. Wannan ne abin da ya fi ci mini rai in na tuna: na san in yana nan zai hana ni, shi ya sa na riga shi. Na nemi waya, na kama ɗan ƙarfen nan da tagwaye ke ja, na ɗaure shi tam a jikin injin yadda hanyar tururi za ta zauna a buɗe.

Kulu ta ajiye shebur ta ce a hankali, "Malam, ba a ɗaure tagwaye. Tun ina ƙarama Baba yac ce mani ko da wasa."

Na yi murmushi na ce mata ilimi ya ci gaba tun bayan lokacin. Bello ya ce ta bari mana, aikin injiniya ne. Ta dubi mazan da ke tsaye, ta dube ni. Aka cika mazubi da dawa, ta murɗa famfo.

Injin ya tashi sumul. Babu zabura, babu shaƙewa, gari na zuba da sauri fiye da yadda suka saba gani. Mata suka fara sa albarka, wani dattijo ya kama hannuna ya girgiza. Na kai minti goma ina shan yabo.

Sai dawar da ke mazubi ta ƙare, matar da ke biye kuma tana fama da ƙullin buhunta. Da ma nauyin niƙa ne ke riƙe da injin. Da nauyin ya tafi, ga tururi na shiga a buɗe, sai ƙarar ta sauya. Bugun da ake iya ƙirgawa ya haɗe ya zama ruri guda. Tagwaye suka miƙe sambal suna ja, waya ta hana. Ƙasa ta ɗauki rawa, kwanon rumfa na kaɗawa, sai babban bel ya tsinke ya daki rufi da ƙara kamar harbi. Yanzu babu abin da ke riƙe da ƙafar ƙarfen nan ko kaɗan.

Kowa ya watse. Ni ma na gudu. Ban tuna famfo ba, ban tuna matan da ke bayana ba, ban san na ture wata tsohuwa ba sai daga baya aka gaya mini. Na tsinci kaina a bayan rumbu, ba hula, ina leƙe. Daga nan na hango Baba yana tahowa daga masallaci shi kaɗai, hannu a gaba yana laluben hanya, yana kiran a rufe tururi. Daga nan kuma na ga Kulu ta shiga rumfar. Girgizar ta kwance mahaɗin bututu dab da famfon, tururi na fesowa fari fat, tsumman da take kama famfon da shi ya faɗi. Ta sa hannunta na dama cikin tururin ta kama ƙarfen, ta murɗa, ta murɗa, ta sake murɗawa. Rurin ya fara sauka, ya koma bugu, ya tsaya.

Ba ta yi kuka ba. Ta fito tana riƙe da hannun a sama, fatar ta yi jawur ta fara tashi. Wata ta ce a fasa ƙwai, wata ta ce gishiri. Na fito daga bayan rumbu na ce a sa hannun cikin ruwan sanyi a daɗe, kada a shafa komai. Wannan kaɗai ne abin da na faɗa daidai a ranar, kuma ba wanda ya waiwaye ni. Ita da kanta ta je ta tsoma shi a bokiti. Bayan nan Bello ya samo babur aka tafi da ita asibiti a Bungudu, da wata ƙanwar uwarta a baya.

Baba ya sa aka kai shi jikin injin. Ya jira injin ya huce, ya bi shi da hannu yana shafawa kamar mai duba doki, har yatsunsa suka kai kan wayar. Ya tsaya. Ya warware ta a hankali, ya naɗe ta, ya ce ina Malam. Na matso. Ya lalubo tafin hannuna ya sa mini ita. Na fi so ya zage ni.

Ya ce in zauna. Ya yi mini bayani kamar yadda ake yi wa ɗan aji ɗaya, ba faɗa. Ya ce inji ba shi da ido, bai san an zuba hatsi ko ya ƙare ba, shi dai a ba shi tururi ya gudu. In gudu ya yi yawa, juyi na wurga ƙwallayen waje kamar yadda dutse ke ja in ana wulwula majajjawa, su tashi, su ja ƙarfen, ƙofar tururi ta ragu. In nauyi ya hau inji ya rage gudu, su sauko, ƙofa ta ƙaru. Haka suke yi yini guda ba mai sa su. Ya ɗora yatsana a kan siririn bel ɗin, na ji ya saki, ya sha mai yana santsi. Ya ce shi ke kai musu labarin gudun injin, da ya fara zamewa sai labari ya riƙa isa a makare, shi ya sa suke ja a makare, su saki a makare.

"Su ba su yi laihi ba," in ji shi. "Abin da anka gaya musu shi suka yi."

Gyaran bai kai rabin sa'a ba. Ya sa na wanke bel ɗin da toka, na yanke kamar faɗin yatsa biyu, na huda da basilla na ɗinke da tsirkiya, yana bin ɗinkin da hannu yana sa ni in sake inda ya karkace. Mahaɗin bututun shi ya ɗaure da kansa. Babban bel kuwa akwai wani tsoho mai faci a rataye, shi aka mayar.

Da la'asar sakaliya aka dawo da Kulu, hannu a naɗe har gwiwa. Bello ya ce mu kama hanya tun da rana. Na ce masa ya tafi. Buhunan mutane na jibge, mai hura wuta kuma ba hannu. Na ari tsohuwar riga, na kwana huɗu a zauren gidan ina aikin shebur. Kulu na zaune a kan turmi daga nesa da wuta tana ba ni umarni: ƙara, dakata, dubi kwalba, ruwa ya yi ƙasa. A rana ta farko tafin hannuna ya yi bororo ya fashe, na ɓoye don ban ga bakin da zan yi ƙorafi da shi ba. Injin na tafiya daidai, tagwaye na ɗan tashi suna ɗan sauka, in an zuba hatsi su sunkuya, in ya ƙare su ɗaga. Na yi ta kallonsu.

Ba wanda ya yi mini gori a ƙauyen. Ana kawo tuwon dawa da miyar sure, wato yakuwa, a ajiye mini a fita, wannan karon na gode wa al'adar, don ba na iya haɗa ido da kowa. Matan da ke kawo niƙa suna ce mini sannu da aiki injiniya, har yau ban san ko da gaske suke ko ba'a ce ba. Tsohuwar da na ture na je har gida na ba ta haƙuri, ta ce ai gudun ceton rai ba a ganin gaba.

Sai ranar da zan tafi na iya tsayawa gaban Kulu. Na ce mata ni ba injiniya ba ne, ban taɓa ganin injin tururi ba sai nata, ta gaya mini gaskiya na ƙi ji saboda mutane na kallo, kuma na gudu na bar ta. Na roƙe ta gafara. Ta saurara har na gama.

"Na yahe, Malam," ta ce. "Tun da kaz zo da hwarin kaya na san ba ka taɓa yi ba. Ni ma da laihina, da na ƙi buɗe famfon."

Ta sa aka ɗauko mini hulata, an wanke ta, gefe guda ya ɗan babbake. Baba ya yi mini addu'a, ya ce in gaida iyali. 'Yan sintiri suka sauke mini igiya ba tambaya. Daga Bungudu na wuce Gusau ban tsaya gidan Bello ba, na shiga motar Tsafe na zauna can baya, ban yi wa kowa hira ba.

Shekaranjiya na kira Bello na tambaye shi jikinta. Ya ce ciwon ya warke, an kwance bandeji, sai dai fatar ta yi dabbare-dabbare, kuma ƙaramin yatsa da na kusa da shi sun ƙi lanƙwasuwa. Ta koma aiki. Na ce to yaya take riƙe shebur? Ya ce ta yanki wani ɓangare na bel ɗin da ya tsinke, da shi take ɗaure ƙotar a wuyan hannunta kowace safiya, Baba ne ke ƙulla mata.